Wa Zai Yarda Ya Zama Macijin?

Mu fa a unguwar nan, in dai jarumtar baki ce, ba a bar mu a baya ba. Bari a ɗauke wuta bayan isha'i, zafi ya koro kowa tsakar gida, cajin wayoyi ya ƙare, ka ga yadda magidanci zai gyara zama a kan tabarma ya shiga kashe maciji a Daura. Mutumin da in ɓera ya gilma a ɗaki sai ya ɗage ƙafa ya ƙwala wa matarsa kira, shi ne zai kwatanta wa yara yadda Bayajidda ya zura guga a rijiyar Kusugu, macijin ya cafke, ya jawo shi sama ya fille masa kai. Har da hannu yake nunawa. Yara sun saki baki, uwargida kuwa tana can gefe tana tankaɗe tana dariya ƙasa-ƙasa, don ita ta san wanda ya kashe kunamar da ta fito a bayan gida makon jiya.

Labarin Daura ɗin nan kowane gida da inda yake yanke shi. Abin da muka haɗu a kai shi ne baƙo ya iso da dare, ya sauka wajen wata tsohuwa mai suna Ayana, ya nemi ruwa, ta ce masa ai garin nan ba a ɗiban ruwa sai ranar Juma'a, saboda macijin da ake kira Sarki. Daga nan sai sara. Amma har yau ban ji uban da ya tsaya ya gaya wa ɗansa cewa kafin Bayajidda ya iso Daura, gudowa ya yi ba. Daga Barno ya sulale, bayan ya gane sarkin can ya raba shi da mayaƙansa yana shirin gamawa da shi. A Garun Gabas ya bar matarsa da ciki, ya biya ta Gaya maƙera suka ƙera masa wuƙa. Ashe gwarzon namu ma ya san ranar da ake ranta a na kare. Wannan sashen mukan haɗiye shi, wai kada yaro ya raina jarumi, alhali shi ne sashen da yaro zai fi gane kansa a ciki.

Akwai kuma abin da ya faru da gari ya waye. Magajiya Daurama ta sa aka yi shela cewa wanda ya kashe macijin ya kawo kan, za ta raba gari biyu ta ba shi rabi. Nan da nan maza suka bazu a jeji, kowa ya samo macijinsa ya sare, aka yi ta kawo kawuna ana gwadawa da gangar jikin ba sa dacewa. Mai shayin bakin layinmu ya ce shi duk faɗin labarin nan ba inda yake hango 'yan majalisarmu sai a wannan layin na masu kawo kai. Aka yi masa ca, amma ba wanda ya ce ƙarya ya yi.

Mu maza ke nan, masu labaru da tarihi. Mata da tsofaffi su ke da tatsuniya, kuma in ka kasa kunne da kyau za ka ji ba abu ɗaya muke koya wa yaran ba. A tatsuniyar Iya, mai takobi ba kasafai yake cin riba ba. Gizo ne ke ci, da tsamin bakinsa da kwaɗayinsa da tsoron tsiya. Shi ne ya ba giwa bakin igiya ya ba dorina ɗaya bakin, kowacce tana zaton da shi take ja, shi kuwa yana can inuwa yana hutawa. Yaro ya kwanta da Bayajidda a kunnen dama, Gizo a kunnen hagu, gobe in faɗa ya tashi a makarantar allo sai ya zaɓi wanda ya fi masa sauƙi. Hausawa da suka ce faɗan da ya fi ƙarfinka mai da shi wasa, ba daga bakin rijiyar Kusugu suka samo maganar ba.

Ni kuwa a wajena, duk cikin mutanen tatsuniya ba wanda ya kai 'yar bora ƙarfin zuciya. Yarinya ƙarama, an ɗora mata laifin fitsarin kwance da ba ita ta yi ba, an naɗe ƙirgi an ɗora mata a ka, an ce ta tafi ruwan Bagaja ta wanko. Ita kaɗai, ba rakiya, ba ta ma san hanya ba. Ta wuce kogunan abinci da yunwa a cikinta ba ta taɓa ba. Ta isa wata bukka ta tarar da cinya da kare zaune, cinyar tana gurnani karen yana fassara, ta yi sallama ta gaishe su, ta dafa abin da aka ce ta dafa, ta kwana a nan. Don Allah a cikin majalisarmu wa zai ga cinya zaune ita kaɗai ba gangar jiki ya tsaya gaisuwa? Amma in Iya ta ƙare tatsuniyar, abin da za ta ce shi ne, “Kun ga amfanin haƙuri da ladabi.” Ba za ka taɓa jin an ce yarinyar jaruma ce ba. Namiji ya sari maciji sau ɗaya ya samu rabin gari da sarauniya, ita ta ratsa jeji da dare an ba ta shaidar ladabi.

Kada a ce ba mu ba 'yan mata gwarzuwa. Muna ba su Amina, har da alfahari. 'Yar Bakwa Turunku, wadda ta ja rundunar Zazzau, wadda har yau in aka ga tsohuwar ganuwa a wani gari sai a ce ganuwar Amina ce. Tsohon littafin tarihin sarakunan Kano ya ce ta ci ƙasa har Kwararrafa da Nupe, Sarkin Nupe ya aiko mata da babanni 40 da goro 10,000. Akwai makarantar 'yan mata da sunanta a Kaduna, akwai ɗakin kwanan ɗalibai mata da sunanta a jami'ar Zariya. Duk muna faɗa. Zancen nan na cewa kowane gari ta ci sai ta kwana da namiji guda, da asuba a kashe shi, shi kam sai yara sun yi barci. Ba ma kuma cika tuna cewa a wani gidan can ƙasar Nupe wata kaka tana iya ba jikokinta wannan labarin daga ɗaya gefen, inda mai zuwa a kan doki ba abin tafi ba ce.

To, gari ya waye, yarinyar da aka cika wa kai da Amina jiya ta ɗare bishiyar mangwaro, ko ta ari keken yayanta ta sheƙa da shi har bakin titi. Me za ta ji? “Ke! Sauko nan, ke ba mace ba ce? Haka za ki je gidan miji kina hawan katanga?” In ta ce ai Amina ma ta hau doki, sai a ce ta iya baki, a ƙara mata da wanke-wanke.

Da ma Amina ta yi nisa, shi ya sa take da daɗin faɗa. Gambo Sawaba tana nan kusa, a Zariya ɗin dai, ta rasu a 2001. Tun tana matashiya ta shiga jam'iyyar NEPU, ta yi ta bin gari gari tana cewa a bar mata su yi zaɓe, a daina aurar da yara ƙanana, aka yi ta dukanta ana ɗaure ta, har ana cewa sau 16 ta shiga kurkuku. Matan Arewa ba su samu ƙuri'a ba sai a 1976. Labari ne da yarinya za ta riƙe ta yi amfani da shi, amma ba ya shiga tsakar gida da dare. Dalili ba ɓoyayye ba ne: a gidaje da yawa kakan yaran yana ɗaya jam'iyyar a lokacin, kuma ba mai son jika ya tambaye shi, “Kaka, kai a ina kake ranar da aka kama ta?”

Haka ma labarun da aka sha kashi. Mun fi son wanda zai ƙare da biki. Wani direba a layinmu da ke jigila zuwa Dogon Dutsi shi ya fara kawo wa yaran unguwa labarin Sarauniyar Lugu, Mangu, shugabar Azna ta ƙasar Arewa a Nijar. A watan Afrilun 1899 rundunar Faransa ta Voulet da Chanoine ta taso tana ƙone garuruwa tana kashe mutane, sarakuna suna miƙa wuya ko suna watsewa, ita ta tsaya da 'yan baka suka yi artabu. Bindiga ta fi kibiya, aka ci garin, ita da jama'arta suka shige jeji ba a kama ta ba. Rundunar ta wuce ta yi wa Birnin Ƙonni mummunar ɓarna, sai a watan Yuli sojojinsu da kansu suka harbe jagororin biyu. Abdoulaye Mamani ya rubuta littafi a kanta a 1980, Med Hondo ya mai da shi fim a 1986. Da Hausa ake magana a Lugu, amma a wannan gefen iyaka yara nawa suka taɓa jin sunanta?

Na Sarkin Musulmi Attahiru ma sai ka tona. Bayan Turawan Ingila sun ci Sakkwato a watan Maris na 1903, bai zauna ya karɓi sandar Bature ba, ya kama hanyar gabas da niyyar hijira. Manoma suka bar gonaki, mata suka ɗauki goyo, gari gari ana fita ana bin sa. A Burmi, cikin ƙasar Gombe ta yanzu, aka tare su, ranar 27 ga Yuli ya faɗi tare da ɗaruruwan mutane. Ɗansa ya ci gaba da sauran har Sudan, garin Mai Wurno da ke bakin kogin Nilu shi ne shaida. Da aka ba yara wannan, wata 'yar shekara bakwai ba ta tambayi takobi ko doki ba. Cewa ta yi, “Baba, yaran da suka bi su, da ƙafa suka je? Wa ya ba su ruwa?” Uban ya yi shiru, don shi bai taɓa sa yara a cikin labarin ba.

Malamin firamaren da ke zama da mu yakan ɗora laifin a kan gwamnati, wai tun da aka cire darasin Tarihi daga manhaja wajen 2009 aka yi fiye da shekara goma kafin a dawo da shi, me ake so yaro ya sani. Gaskiya ne an cire. Sai dai ba gwamnati ce ta shigo gidajenmu ta ƙirƙiro Dodo ba.

Don mu ɗin nan da ke shuka jarumta da dare, mu ne muke tuge ta da rana. Yaro ya ƙi cin tuwo, Dodo zai zo. Ya ƙi wanka, za a kira mai allura. Ya leƙa waje da magariba, aljanun tsamiya suna shawagi. Kangon bayan masallaci akwai fatalwa, tsohuwar ƙarshen layi kada a karɓi abin hannunta. Har ɗan sanda da soja mun sa su a layin dodanni. Sai ƙarfe tara na dare sauro ya dame mu, mu ɗauko kuɗi mu miƙa wa wannan yaron dai, mu ce ya je kantin ƙarshen layi ya sayo maganin sauro. Hanyar kuwa ta gaban kangon take, ta ƙarƙashin tsamiyar. Ya tsaya yana sosa ƙeya, sai mu ce, “Kai ragon banza, kai ba namiji ba ne?”

Kuma yana zuwa. Wannan ne ke ba ni mamaki. Zai damƙe kuɗin a hannu, ya ja numfashi a bakin zaure, ya fyalla da gudu yana karanta Ayatul Kursiyyu da ƙarfi, in ta kakare masa a tsakiya ya koma Ƙulhuwallahu, in ita ma ta gudu ya kama waƙar makaranta. Ya dawo yana haki da maganin sauro da canji cif. A zuciyarsa ya ratsa tsakiyar aljanu ya fito, kuma a iya saninsa aljanun nan na gaske ne, mu muka tabbatar masa. Abin da zai samu shi ne, “Me ya sa ka daɗe?”

Sai kuma batun gaskiya. Kowane yaro a Islamiyya ya ji labarin Shehu Abdulƙadir Jilani yana yaro, mahaifiyarsa ta ɗinke masa dinari 40 a cikin riga ta ce kada ya yi ƙarya, 'yan fashi suka tare ayarinsu a hanyar Bagadaza suka tambaye shi, ya gaya musu abin da ke jikinsa, har shugabansu ya tuba. Mukan gyaɗa kai mu ce Allah ya ba mu 'ya'ya irin wannan. Da yamma mai bin bashi ya yi sallama, sai mu tura yaron ya ce ba ma nan. Shi kuwa ɗan Abdulƙadir ya fita ya ce, “Wai ya ce ba ya nan.” Ranar zai gane cewa labarin Islamiyya a Islamiyya ake barin sa.

Abin dariya ne, amma akwai inda ba dariya. Muna cewa tsoro na daji, kunya na gida, sai dai abin da muke kira kunya a gida sau da yawa tsoro ne tsagwaronsa. Kada ka kalli babba a ido, kada ka musa wa babba, in manya na magana ka ja bakinka. Yaron da aka rene shi a haka, ran da wani babba ya cuce shi a lungu ko a shago ko a makaranta, da wane baki zai zo ya faɗa? Mun ba shi labarin yadda ake tunkarar maciji, ba mu taɓa ba shi na yadda ake cewa a'a ga mai gemu ba. Iyaye mata sun fi mu sanin wannan, su ne ake kai wa maganar in ta riga ta ɓaci.

Su dai yaran ba sa jiran mu gyara. Suna kwashe abin da muka zubar su haɗa nasu. Ka leƙa fili da la'asar bayan an girbe dawa, ka ga runduna a kan dokin kara, murfin tukunya ya zama garkuwa, kwalin taliya ya zama kwalkwali. A yaƙi guda za ka ji Amina da Ertugrul na fim ɗin Turkiyya suna gefe ɗaya, wani yana rantsuwa sandarsa Zulfiƙar ce ta Sayyidina Ali, wani ya sa rigar Spider-Man ta gwanjo ya ce shi ba a kashe shi. Tsohuwar taya ce rijiyar Kusugu. Rigimar kullum ita ce wa zai zama macijin. Ana tura wa ƙaramin cikinsu, shi kuma in an sare shi sai ya ƙi mutuwa, ya tashi ya ce ai maciji yana da rai bakwai, a koma farko. Rannan har na ji an yi sulhu da macijin, wai zai riƙa barin mutane su ɗebi ruwa Litinin da Alhamis, a ba shi alewa.

Wasu dattawa suna ganin wannan cakuɗawar lalacewar zamani ce, waya ce ta kawo. Sun manta abin da suka karanta a aji. Bello Kagara a cikin Ganɗoki, tun 1934, ya ɗauki jaruminsa daga yaƙi da Turawa ya jefa shi ƙasar aljanu, ba wanda ya ce ya ɓata tarihi. Umaru Dembo a Tauraruwa Mai Wutsiya ya ɗauki yaro ya kai shi sararin samaniya. Iliya Ɗan Maiƙarfi na Ahmadu Ingawa, wanda da yawanmu za mu iya rantsewa Bakatsine ne, asalinsa gwarzon tatsuniyar Rashawa ne aka naɗa masa rawani. Abubakar Imam ma daga Larabawa da Indiyawa da Turawa ya ɗebo da yawa cikin labarun Magana Jari Ce ya sa su a bakin aku. In yaro ya haɗa Amina da Baturke a runduna ɗaya, gadon gida ya yi.

Malamin firamaren nan dai ya gwada wani abu kwanaki. Ya tara yaran layi ya ba su labarin Liman Abubakar Abdullahi na ƙauyen Nghar Yelwa a Barikin Ladi, jihar Filato. A watan Yunin 2018 'yan bindiga suka afka wa ƙauyukan yankin, mutane suka gudo, yawancinsu Kiristoci. Tsohon, yana da shekara 83, ya shigar da mata gidansa, maza masallaci, mutum 262, ya fito ya tsaya a waje. Maharan suka ce ya fito da su, ya ƙi, ya yi ta roƙonsu har ƙasa, har suka juya suka tafi. A 2019 gwamnatin Amurka ta ba shi lambar yabo.

Yaran suka yi tsit, sannan tambayoyi suka ɓarke. “Malam, da me ya yi faɗan?” Ya ce ba shi da komai a hannu. “Ko wuƙa?” Ko wuƙa. “To layar ɓata gare shi?” Malam ya ce shi dai tsayawa ya yi. Wani ya ce to ai wannan ba yaƙi ba ne, wata ta ce ai ya fi yaƙi tunda ba a kashe kowa a masallacin ba, musu ya kaure har aka kira magariba.

Washegari sai ga shi sun mai da shi wasa. Wannan karon ba a yi rigimar maciji ba, kowa so yake ya kasance cikin waɗanda aka ɓoye, don ɓuya daɗi gare ta, suka cunkushe a zauren gidan mai unguwa suna ƙunshe dariya. Limanci ya faɗa kan wani siririn yaro da ya sato hular babansa da carbi. Ya tsaya a bakin ƙofa ya baza hannuwa, masu dokin kara suka yi ta zare masa ido suna buga ƙasa, ya ce ba inda za shi. Ana cikin haka uwarsa ta fito nemansa, ta ga hular sallar Juma'a a kansa duk ƙura, ta kama kunnen Liman ta ja shi gida, ta ce in ya ajiye ta ya zo ya kai mata niƙa. Waɗanda ke cikin zaure ba wanda ya gaya musu, suna nan a ɓoye har mai unguwa ya dawo daga kasuwa ya kore su.